Mai da ruwa a kwano ɗaya: yadda gyaɗa ke zama mahaɗin salak

Duk wadda ta taɓa ɗebo markaɗaɗɗiyar gyaɗa cokali uku ta zuba a kwano, ta matsa lemon tsami a kai da niyyar haɗa mahaɗin salak, ta san abin da ke biyo baya. Tana fara juyawa, abin da ɗazu yake zuba daga cokali sai ya ɗaure, ya dunƙule, ya koma kamar kwaɓin fulawar da ya sha iska, mai kuma ya fara tsattsafowa ta gefe. A nan ne da yawa suke yanke hukuncin cewa gyaɗar ce ba ta da kyau, ko lemon ne ya ɓata ta, su ture kwanon su ɗauko kwalbar bama. Alhali babu abin da ya lalace. Rabin hanya aka zo aka tsaya.

Abin da ya ba ni dariya ranar da na gane haka shi ne, wannan ɗaurewar da ke tsorata mai haɗa salak ita ce masu matsar mai suke nema ruwa a jallo. Wanda ya tashi a gidan da ake ƙuli-ƙuli ya san tsarin. A soya gyaɗa, a murje ta, a sheƙe ɓawon, a kai inji. In markaɗen ya dawo a juye shi a turmi ko babbar roba, a ɗora ruwa a wuta. Daga nan ana yayyafa ruwan zafi kaɗan-kaɗan ana tuƙawa, ƙullin yana ƙara tauri, hannu yana ƙara nauyi, har a ga mai ya kwanto a sama yana sheƙi. A kwashe, a ci gaba da matsa. Abin da ya rage a ƙasa shi ne tunkuza, ita ake mulmulawa a soya a cikin man da aka fitar daga jikinta, ta zama ƙuli-ƙuli. Ina yarinya na taɓa tambayar goggona, wadda ta yi shekaru tana wannan sana'a, na ce, "Goggo, me zai hana ki zuba ruwan gaba ɗaya ki huta?" Ko ɗagowa ba ta yi ba ta ce, "Ke 'yar nan, in na cika ruwa ai kunu na dama, man ya gudu ke nan." To wannan kunun da Goggo take gudu, shi ne mahaɗin salak. Hanya ɗaya ce, ita tana sauka a tashar farko, mai salak tana wucewa ta gaba.

Dalilin yana cikin ƙwayar gyaɗar. Kusan rabin nauyinta mai ne, wajen kashi 45 zuwa 50 cikin 100. Kimanin kashi 25 furotin ne, saura kuma ɗan sitaci da sukari da dusa. Ruwa kuwa, bayan suya, kusan babu shi. Idan inji ya murƙushe ta, man da ke ɓoye cikin ƙwayar sai ya fito, ɓarɓashin furotin da sitaci su riƙa iyo a cikinsa. Shi ya sa markaɗen yake zuba duk da ba a sa masa ko ɗigon ruwa ba. Amma ɓarɓashin nan ba masoyan mai ba ne, ruwa suke so. Da sun ji ɗan danshi sai su tsotse shi, jikinsu ya yi danƙo, su manne da juna, su haɗa kai su tura man waje.

Magina sun san irin wannan. Busasshen yashi yana zuba ta tsakanin yatsu. A yayyafa masa ruwa, sai ya dunƙule har yara su gina ɗaki da shi. A kwara masa bokiti guda, sai ya sake malala. Haka gyaɗa take. Idan ruwan ya kai yawan da duk ɓarɓashin ya ƙoshi har ya yi saura, sai al'amarin ya juye: da can ɓarɓashi ne a cikin mai, yanzu mai ne ya farfashe ya zama ƙananan ɗigo-ɗigo yana yawo a cikin ruwa. Ido ma yana ganin lokacin da aka ƙetare. Launin da yake ƙasa-ƙasa mai duhu sai ya washe ya yi haske kamar shayin da aka cika wa madara, domin ɗigon man nan masu ɗimbin yawa suna warwatsa hasken da ya faɗa musu. Cokali ya daina jin nauyi. Ƙullin ya yi sumul.

Kowa ya san mai da ruwa ba sa zama wuri ɗaya. A zuba man gyaɗa da ruwan khal a kwalba a girgiza, kafin a gama yanka albasa sun rabu. Abin da ke hana su rabuwa a bama shi ne gwaiduwar ƙwai, wadda ke lulluɓe kowane ɗigon mai ta hana shi haɗewa da ɗan'uwansa. Gyaɗa ta zo da nata mai sulhun. Furotin ɗinta yana da ɓangaren da ke jituwa da mai da ɓangaren da ke jituwa da ruwa, sai ya tsaya a tsakani, ɓarɓashin da ya kumbura kuma ya sa ruwan ya yi kaurin da ɗigon man ba sa iya tasowa da sauri. Wannan ne ya sa nake ganin mahaɗin gyaɗa ya fi bama na gida sauƙi, ya kuma fi shi kwanciyar hankali a ƙasa mai zafi: babu ɗanyen ƙwai a ciki, kuma in ya nuna alamar rabuwa, juyi biyu uku ya mai da shi.

Ruwan da za a saki gyaɗar da shi ya zama mai ɗumi, ba tafasasshe ba. Ɗumi yana sassauta man, yana sa ɓarɓashin ya sha ruwa da wuri. A zuba cokali ɗaya a juya har ya shige, a ƙara, a juya. Zai ɗaure a cokali na farko da na biyu, kada a damu, a ci gaba. Ni dai a cokali uku na gyaɗa nakan ga ya saki a wajen cokali na huɗu ko na biyar na ruwa, amma wannan ba aya ba ce, domin markaɗen wani injin ya fi na wani laushi, gyaɗar wata gonar ta fi ta wata mai.

Sai maganar tsami, wadda a nan ne tsarin zubi yake da tasiri. Furotin yana da wani matsayi na tsami da in ya kai shi ba ya son narkewa a ruwa, sai ya cure. Na gyaɗa yana wajen 4.5 a ma'aunin tsami da masana ke kira pH. Na madarar shanu ma kusan nan yake, shi ya sa madara take kamawa ta zama kindirmo idan ta kwana ta yi tsami. Ruwan lemon tsami yana wajen 2 a ma'aunin nan, wato ya fi wancan matsayi tsami nesa ba kusa ba. Idan shi aka fara matsawa a kan tsurar gyaɗa, an haɗa mata abu biyu lokaci guda: ƙarancin ruwa da ke sa ta dunƙule, da tsamin da ke sa furotin ya cure. Shi ya sa ɗaurewar take yin muni har a fid da rai. A fara sakin ta da ruwa, in ta yi sumul sannan a kawo tsami. Za a ga ta ɗan sake yin kauri, kuma in an ajiye ta minti goma za ta ƙara, tunda ɓarɓashin bai gama shan ruwa ba. Mai dabara takan bar ta ta fi yadda take so ruwa kaɗan.

Wane tsami? Lemon tsami yana da ƙamshi da kaifi, amma ƙamshin ba ya daɗewa, a matsa shi dab da ci. Khal ɗin kwalba, wanda yawanci kashi 5 cikin 100 ne ƙarfinsa, tsaminsa tsaye yake ba kwana, yana hawa hanci. Tsamiya ce a wurina ta fi dacewa da gyaɗa, kuma ba ni na fara ganewa ba, duk mai dama kunun gyaɗa ta riga ni. Tsaminta yana tafe da ɗan zaƙi da kauri, ba ya yanka harshe. A jiƙa ta da ruwan ɗumi, a tace, a yi amfani da ruwan a madadin wani kaso na ruwan sakin.

Akwai wani abu da girke-girken intanet ba sa faɗa mana, domin masu rubuta su ba su san shi ba: mu muna da gyaɗa iri biyu a kicin, mai mai da wadda aka raba da man nata, wato ƙuli-ƙuli. Kuma mun daɗe muna haɗa ganye da ta biyun. Kwaɗon zogale, kwaɗon rama, kwaɗon tafasa, na lansir, na kabeji, duk salak ne mai mahaɗin gyaɗa, sunan ne kawai ba na Turawa ba. A daka ƙuli-ƙuli, a haɗa da gishiri da barkono, a yanka albasa da tumatir, a zuba ɗan man gyaɗa, a cakuɗa da ganye. Wani zai ce wannan wace irin wahala ce, a sha fama a fitar da mai sannan a dawo a zuba shi? Akwai hikima a ciki. Na farko, mai kwaɗo ita ke da iko da yawan man, ba gyaɗar ba. Na biyu, ƙuli-ƙuli ya ga wuta sau biyu, suyar gyaɗa da suyar tunkuza, don haka ƙamshinsa ya fi zurfi. Na uku, wanda ya fi muhimmanci, garin ƙuli busasshe ne mai ƙishirwa. Dafaffen zogale ko rama, komai matsar da aka yi masa, yana riƙe da ruwa. Garin ƙuli yana tsotse ruwan nan ya zama mahaɗi a jikin ganyen kansa. Da za a kwarara wa dafaffiyar rama sakakken mahaɗi mai ruwa, da an sami faten ganye.

Latas kuwa akasin haka yake. Ganyensa sakayau ne, ba ya ɗaukar nauyi. A zuba masa garin ƙuli mai yawa, sai ya danne shi, ya kwashe masa ruwa, a ji yashi-yashi a baki. Shi sakakken mahaɗi yake so, wanda zai shafi ganyen ya wuce. Kabeji da karas da kokwamba suna tsakiya, suna ɗaukar mai kauri, kabeji ma ya fi daɗi in ya ɗan zauna a ciki ya yi laushi. Saboda haka tambayar da ta kamata a fara yi ita ce wane ganye ne a faranti, kafin a tambayi cokali nawa. Rama tana da tsaminta, har ma akan zubar da ruwan dahuwarta don a rage shi, ba ta buƙatar lemo. Lansir yana da yajinsa mai hawa hanci, a sassauta masa barkono. Zogale yana da ɗan ɗaci da bauri, shi ne ya fi kowa son gyaɗa da yawa da albasa.

Ba mu kaɗai muka gano wannan aure ba. A Nijar, Zabarmawa suna kwaɗa dafaffen zogale da markaɗaɗɗiyar gyaɗa su kira shi kopto. A Sudan, inda Hausawa suka daɗe da zama a kan tsohuwar hanyar Makka, markaɗaɗɗiyar gyaɗa sunanta dakwa, ana sakin ta da lemon tsami a zuba a kan tumatir da albasa da barkono. Larabawa da yawa ma ful sudani, wato waken Sudan, suke ce wa gyaɗa. A Indunusiya akwai gado-gado, dafaffun kayan lambu da ƙwai da awara, a kwarara musu miyar gyaɗar da aka niƙa a kan dutse da barkono da tafarnuwa da tsamiya da wani sukari irin nasu mai kama da mazarƙwaila. Abin lura, duk waɗannan ƙasashe baƙuwa ce gyaɗa a cikinsu. Asalinta Kudancin Amurka ne, jiragen Turawan Fotugal suka kawo ta gaɓar Afirka ta Yamma a ƙarni na 16. Ta tarar da gurjiya, wadda ita ma a ƙarƙashin ƙasa take 'ya'ya, manoma ba su sha wahalar gane yadda ake noma ta ba. Bayan layin dogo ya iso Kano a 1911, ciniki ya buɗe daga 1912, har aka kai ga dalar gyaɗa da ake dangantawa da Alhassan Ɗantata. Farin farkon shekarun 1970 da cutar da ta afka wa gonaki a 1975, ga kuma hankalin gwamnati da ya koma kan man fetur, su suka kwashe dalar. Gyaɗar ba ta bar kicin ba.

Idan aka duba girkin da ke yawo a intanet da sunan mahaɗin gyaɗa irin na Asiya, za a ga jerin kwalabe: ruwan waken suya mai gishiri, khal ɗin shinkafa, man riɗi, zuma. Mutum ya karanta ya ga kamar sai ya je babban kanti. A cire sunayen a dubi aikin kowanne, sai a ga abu biyar ne: gishiri, tsami, zaƙi, yaji, da wannan ɗanɗanon mai cika baki da ake samu a romo. Ruwan waken suya ruɓaɓɓen wake ne aka sarrafa, aikinsa gishiri da cika baki. Daddawa ma ruɓaɓɓiyar kalwa ce, kuma sinadarin da ke ba su wannan ɗanɗano iri ɗaya ne, shi ne kuma a cikin dunƙulen magi. Ɗan ƙanƙanin daddawa da aka gasa aka daka yana yin aikin, amma da taka-tsantsan, in ta yi yawa ta ƙwace kwanon. Riɗi kuwa a gonakin Jigawa da Nasarawa da Binuwai ake noma shi a kai wa su masu kwalaben. A soya cokali guda a barbaɗa, an gama.

Gishiri da magi da sukari a ruwa suke narkewa, ba sa narkewa a mai. In aka barbaɗa su a kan tsurar gyaɗa, za su zauna ƙwaya-ƙwaya, wani ya ci lami wani ya ci zartsi. A narkar da su a ruwan ɗumin tun farko. Barkono kuma abin da ke sa shi zafi a mai yake narkewa, shi ya sa gyaɗa take rarraba zafinsa ta kuma sassauta shi, attaruhun da zai sa hawaye a miyar tumatir a nan sai ya zo da ladabi. Tafarnuwa ɗanya tana ƙara ƙarfi in ta zauna, rabin ƙwaya ya isa, kuma in an daka ta an jiƙa a ruwan lemon na ɗan lokaci, kaifinta yana raguwa. Zaƙi kuwa ana cika shi. Gyaɗa tana da nata, balle ta kwalba wadda galibi an riga an sa mata sukari da gishiri da daskararren mai don kada man ya taso. Rabin ƙaramin cokali na zuma ko mazarƙwaila, don ya rage kaifin tsami, ya wadatar. Salak ne, ba alewa ba.

Suya ma tana da nata hukunci. Ɗanyar gyaɗa gafi gare ta irin na wake. Wuta ce ke haɗa sukarinta da furotin ɗinta su haifar da launin nan da ƙamshin da ke cika unguwa. In ba ta soyu ba, mahaɗin ya yi salam. In ta zarce, ɗaci, kuma babu zumar da za ta ɓoye shi. Tana ci gaba da soyuwa da zafin jikinta bayan an sauke, don haka a sauke ta tun tana ruwan zuma, a baza a faranti. Jan ɓawon nan a murje shi, bauri yake kawowa.

Yanzu ga inda maganar ta fi nauyi, kuma inda na fi so mai yin na gida ta tsaya. A 1960 talo-talo kimanin 100,000 suka mutu a gonakin Ingila ba a san dalili ba. Da aka bi diddigi, sai aka gano abincinsu ne, tunkuzar gyaɗa da aka shigo da ita daga Barazil. A cikinta aka sami gubar da wani nau'in fumfuna mai suna Aspergillus flavus ke fitarwa, daga sunansa aka raɗa mata aflatoksin. Gubar hanta take ci. Hukumar binciken sankara ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa ta a rukunin farko na abubuwan da aka tabbatar suna jawo sankara ga ɗan'adam, kuma haɗarin yana ninkuwa sosai ga mai ɗauke da ciwon hanta nau'in B, wanda ba baƙo ba ne a ƙasashenmu. Fumfunar tana cikin ƙasa. Tana samun shiga idan fari ya kama gyaɗa dab da girbi, ko fartanya ta fasa kwanso, ko aka shanya a kan ƙasa mai danshi, ko aka ƙulle buhu bai gama bushewa ba. Tarayyar Turai ba ta yarda gyaɗar ci ta wuce maikurogiram 4 a kilo ba, Amurka 20, maikurogiram kuwa kashi ɗaya ne cikin miliyan na giram. Wannan ya nuna ƙanƙantar abin da ake tsoro.

Abu uku suka sa maganar ta shafi kwanon salak kai tsaye. Suya tana rage gubar amma ba ta kawar da ita. Idan an matse mai, mafi yawanta a tunkuza take zama, wato ƙuli-ƙulin da aka yi da gurɓatacciyar gyaɗa ya fi gyaɗar kanta tara ta. Sannan ba a warwatse take daidai a cikin buhu ba, a 'yan ƙwayoyi ƙalilan take taruwa: waɗanda suka yanƙwane, suka fashe, suka canza launi, ko ƙwaro ya huda. Wake ɗaya ke ɓata gari, a nan ba karin magana ba ce kawai. Kuma irin waɗannan ƙwayoyi su ne masu araha a kasuwa, su ne kuma suka fi sauƙin ɓoyewa idan an markaɗe, domin inji ba ya tsinta. Ba ina cewa duk mai ƙuli-ƙuli haka take yi ba, Goggo takan zauna da faifai ta tsince tata ɗaya bayan ɗaya. Amma mai saye ba ta da hanyar ganewa da ido ko da harshe. Ƙwaya mai ɗaci a tofar da ita, sai dai rashin ɗaci ba shaida ba ne.

A nan ne na gida ya fi, fiye da maganar ɗanɗano ko tsimin kuɗi. Wadda ta sayi tsabar gyaɗa cikakkiya, ta baza a tire a wuri mai haske, ta yi minti goma sha biyar tana tsince marasa kyau, ta zubar da su ba ta ba kaji ba, ta rage kaso mai yawa na haɗarin da hannunta. Kada a ba dabbobi, domin gubar tana bi ta nonon saniya ta dawo. A gona ma akwai magani: cibiyar binciken noma ta IITA da ke Ibadan ta samar da Aflasafe, ƙwayar dawa ce da aka lulluɓe da irin fumfunar nan wadda ba ta fitar da guba, a watsa a gona makonni biyu zuwa uku kafin fure, ta riga mai gubar kama wuri. Amma wannan aikin manomi ne. Na mai kicin faifai ne da haske.

Inji ma a duba shi. Injin da ya gama markaɗen tumatir ko ƙullin ƙosai yana da danshi a ciki, kuma mun ga abin da ɗan ruwa ke yi wa gyaɗa. Ga datti kuma. A nemi injin da gyaɗa kawai yake yi, ko a yi a gida da na'urar markaɗe mai ƙarfi, ana tsayawa ana kankare gefe, tun gyaɗar tana da ɗumi domin man ya fi saurin fita. Za ta fara zama gari, ta dunƙule, sannan ta saki. Kada a ƙara mata ruwa don a taimaki na'urar.

Dalilin wannan gargaɗi shi ne tsurar markaɗaɗɗiyar gyaɗa tana daɗewa ne saboda babu ruwan da ƙwayoyin cuta za su hayayyafa a ciki. Makonni za ta yi a kwalba mai murfi, abin da zai same ta sai dai man ya tsufa ya fara maƙaƙi idan iska da zafi da haske sun yi masa yawa. Amma rashin ruwa hana su yaɗuwa yake yi, ba kashe su ba. A Amurka, tsakanin 2008 da 2009, gyaɗar wani kamfani da ta gurɓata da ƙwayar salmonela ta kwantar da mutum fiye da 700, tara suka mutu. Da zarar an saki gyaɗa da ruwa, an sa tafarnuwa da albasa, ta tashi daga kayan ajiya ta koma dafaffen abinci. A firij mai sanyi kwana uku zuwa huɗu. A inda wuta ba ta da tabbas, a haɗa na ci ɗaya kawai. Tsamin da ke ciki yana taimakawa, amma bai kai ya zama kariya ba. Kuma a tambayi baƙo kafin a zuba masa, akwai waɗanda jikinsu ba ya karɓar gyaɗa ko kaɗan, har numfashi yana iya sarƙe musu.

Masu rage ƙiba sukan ce a ba su ganye tsura, kada a sa mai. Gaskiya ne cokalin gyaɗa yana da nauyi. Sai dai sinadarin da jiki ke juyawa ya zama bitamin A, wanda ke cikin karas da zogale da alayyafo, a mai yake narkewa, in babu maiƙo a abincin kaɗan hanji yake iya ɗauka. Tsofaffinmu da suke zuba ƙuli da ɗan mai a zogale ba su san sunan bitamin ba, amma kwanon da suka haɗa daidai yake. A rage yawan, kada a cire.

Ganyen kuma a wanke shi da ruwa mai tsafta, ganye-ganye, musamman latas da lansir da ake ci ɗanye, tunda wasu lambunan gefen birni da ruwan kwata ake ba su. Bayan wanki a tsane shi sosai a kwando, ko a goge da tsumma mai tsafta, domin ruwan da ya maƙale a jiki yana tsinka mahaɗin ya hana shi kamawa. Gishiri yana jawo ruwa daga cikin ganye, mai kuma yana ratsa fatar latas ya sa ta yi duhu ta kwanta. Da azumi ake ganin wannan ƙarara: a haɗa salak bayan la'asar don a rage aiki, kafin a kira magariba ya zama ruwa a ƙasa, laushi a sama. Kwaɗon zogale da na kabeji suna jure jira. Latas kuwa a ajiye shi daban, mahaɗi daban a ƙaramin kwano da cokali a ciki, in ya yi kauri a ɗiga masa ruwan ɗumi a juya, sai an zauna za a ci sannan a zuba.